Inna Ba Ta Jin Yarbanci

Yaya Binta,

Assalamu alaikum. Ina gajiya, ya jikin Malam, ya yara? Mu nan lafiya lau.

Rashidi ya zo, ɗan Iya maƙwabciyarmu ta Ƙofar Kaura, mai shirya finafinan Yarbanci a Ibadan. Ya rubuta labarin amincin uwarsa da marigayiya Innarmu, amma ya sa Inna tana zuba Yarbanci.

Na ce, "Rashidi, kada a yi wa mamaciya ƙarya. Da hannu da dariya suke hirarsu."

Ya ce, "Yaya Hadiza, 'yan kallo za su gaji."

Jiya ya bugo waya, wai ya cire maganganun Inna da Iya duka, sai hannu da dariya. Yanzu ina tsoron ko na ɓata masa sana'a. Ki taya ni roƙon Allah ya sa a zauna a kalla.

A gaida kowa.

Ƙanwarki,
Hadiza