Zariyar Mahaman

Madarunfa, Maris 1996

Zuwa ga yayana Abdu,

Gaisuwa mai yawa. Ina fatan kana lafiya, kai da Anti Indo da yara. Mu nan sai godiya.

Yaya, raina a ɓace yake. An kawo wani kaset na 'yan Sin gidan bidiyon Ado, wai karate. Karaten banza! Jarumin wani sakarai ne, da ludayi yake faɗa, in ya kai duka sai ya faɗa cikin tukunya. Wata guda ana sa shi, kullum gidan a cike, samari sun haddace har kukan da yake yi.

Ɗan Baba tela, wanda ko akuya ba ya iya kayarwa, shi ke kwaikwayonsa a ƙofa. Balaraba da nake nema tana sayar da gyaɗa a wurin. Jiya na gan ta tana masa dariya har da hawaye, ta cika masa hannu da gyaɗa kyauta. Ni da na koyi karate na gaske a Maraɗi, ban taɓa samun ko murmushin kirki ba. Wallahi kishi kamar ya kashe ni. Ranar kasuwa zan nuna mata bambanci.

Ƙanenka,
Mahaman

Madarunfa, Afrilu 1996

Yaya Abdu,

Bayan gaisuwa da fatan alheri, ya jikin Anti?

Ranar kasuwa na rataye tulu cike da ruwa a bishiyar bedi don in fasa shi da ƙafa, jama'a suka taru, Balaraba a gaba. Na yi kururuwa, na tashi sama, na kai wa tulun shuri. Yaya, zariyar wandona ta tsinke. Na sauko dafe da wando, tulun ya dawo ya buge ni a ƙeya, ruwan ya wanke ni. Na so ƙasa ta tsage.

Ashe duk sun ɗauka da gangan na yi. Balaraba har zama ta yi a ƙasa don dariya. Da la'asar ta aiko mini da gyaɗa, kwano guda, tana tambayar yaushe zan sake.

Ban gaya mata gaskiya ba, kuma ba zan gaya ba. Yanzu an ce mini munafukin Ɗan Baba shi ma ya sayi tulu. Ba zai riga ni ba!

Don Allah ka aiko mini da wando biyu cikin gaggawa. Kada zariyar ta yi ƙwari.

Naka har kullum,
Mahaman