Kukoki Ukun da Na Ƙirga Maka

Zuwa ga aminina, marigayi Malam Modu,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Bayan gaisuwa irin wadda ta dace da wanda ya riga mu isa, ina fatan Allah ya sa kana cikin ni'ima. Ba zan tambaye ka iyali ba, don iyalin suna wajenmu, kuma lafiya lau suke. Ba zan tambaye ka gajiya ba, ka huta da ita. Ni ne dai Fillonka, wanda ka shafe shekara arba'in kana gaya wa mutanen Haɗeja cewa kakanka Babarbare ne ya sayi kakansa da ƙwaryar gero, kuma an cuce shi a cinikin.

Na san ko lokacin da kake da ido ba ka yarda da karatun waya ba. Masu bibiyata a shafin nan za su karanta a madadinka. Da gangan na zaɓi gabansu, domin maganar da zan yi ta daɗe a ɗaka.

Ka tuna yadda muka fara yawon kufai. Na ajiye alli, kai ma ka ajiye aikin malamin gona, muka zauna a ƙofar gida wata uku muna kallon awaki. Ran nan ka ce, “Fillo, mun tsufa a ƙasar da ba mu taɓa gani ba.” Asabar ta gaba muka hau babur ɗina bayan asuba, da butar shayi da dabino da busasshen kifi a leda, da sharaɗin mu dawo kafin magariba don kada matanmu su raba gado.

Da sauran ganuwar garinmu muka fara, wadda muka yi ta wucewa tun muna yara ba mu taɓa tsayawa ba. Sai Auyo, inda tsofaffi suka zaunar da mu suka ce garinsu ya girmi namu nesa ba kusa ba, kai kuwa ka ce ai ka gani a jikin bangon. Sai Garun Gabas. Sai ƙananan kufai da ba su da suna a takarda, inda ba ka samun komai sai tsingaro da rijiyar da ta cike da wata tsamiya.

Ba mu taɓa ɗaukar ɗan rakiya ba. Ka ce mutumin da ya kai saba'in ba a riƙe masa hannu a ƙasar ubansa. Amma muna da ƙa'ida ɗaya da ba ta tashi: duk inda muka nufa, sai mun fara sauka a ƙofar mai gari, mu gaishe shi, mu ajiye goro, mu faɗi abin da ya kawo mu. Kufai ko ya shekara ɗari ba kowa, yana da masu shi. Su ke noma gefensa, su suka san inda ba a takawa.

A rani na uku idanunka suka fara dushewa. Likita ya ce ba irin wanda ake yi wa aiki ba ne. Na zaci yawo ya ƙare, sai ka ce ai babur ba da idonka yake tafiya ba. Daga nan na zama idonka. Mu tsaya, ka dafa kafaɗata, ka ce, “Me kake gani?”

To, ka san a hannun wa na tashi. Kakata ba ta iya ba da labarin zuwa rijiya ba tare da ta haɗu da kura a hanya ba. In na ga guntun bango, sai in gina maka ƙofa da masu gadi da kasuwa a bayanta. Ka sani, kuma kana jin daɗi. Sai ka bari in gama, ka ce, “To, rage gishirin, ka ba ni abin da ya saura.”

Wuri ɗaya ne ka yi ta ajiyewa. Kufan tsangayar Goni, kakan kakanka, wanda ya taso daga gabas ya sauka a wani tudu cikin fadama ta wajen Guri, ya kunna wutar karatu, ya rasu a can. Ba ka taɓa zuwa ba. Kwatance kawai ka gada daga bakin kakanka, kuma ka haddace shi kamar Fatiha: a haye ruwa, a bar kogi a hannun hagu, a miƙe gabas har a ga tudu mai kukoki uku. Kabarin yana gindin ta tsakiya.

Da safen da za mu tafi, mai ɗakinka Hajiya Yagana ta biyo mu zaure ta ce mu tambayi hanya. Na ce mata a gabanka, ni da kakannina suka ratsa fadamar nan da shanu ba taswira, ba zan ɓata a cikinta ba. Kai kuma ka ce, “Fillo, yau ban da gishiri.” Na ce na ji.

Muka sa babur a kwalekwale, mai fito ya haye da mu. Ƙauyen da ya kamata mu sauka mu gaishe da mai gari yana can dama, ina hango rufin masallacinsu. Kwatancenka kuwa ya ce hagu. Na duba rana, na tuna bugun ƙirjin da na yi a zaure, na bi hagu. Goron yana aljihuna. Ka tambaya ko ba za mu sauka ba, na ce babu gari kusa. Wannan ita ce ƙarya ta farko, kuma ba ita ce babbar ba.

Abin da ban lissafa ba, kuma kai malamin gona da kana gani da ka gane tun a bakin ruwa, shi ne kogin kakanka ba shi ne kogin da muka haye ba. Ciyawar kacalla ta toshe tsohuwar hanyarsa, ruwa ya fasa ta wani wuri. Na bar kogi a hagu kamar yadda aka ce, kogin kuwa ya daɗe da tashi daga inda aka bar shi.

Har azahar muna bulayi tsakanin gonakin shinkafa da aka girbe. Mai ya yi ƙasa. Ƙafafunka sun kumbura, ina jin nauyinka yana ƙaruwa a bayana. Mai fito kuwa tun da safe ya ce daga la'asar ba ya jiran kowa. Can sai na hango tudu. Kuka ɗaya ce a kansa, da wani kututture da ban ma san na wace bishiya ba ne.

Na kashe babur. Ka ce, “Mun iso?” Na ce mun iso. Ka ce, “Kukoki uku?”

Modu, na ce uku.

Ka cire takalmi tun daga gindin tudun. Na ja ka zuwa inuwa, ka durƙusa, ka ɗebi ƙasa ka murza a tafin hannu. Baƙa ce, mai laushi. Ka ce, “Tokar wutar karatu ce wannan.” Na ce ita ce. Ka zauna ka karanta Yasin da muryar da ban taɓa jin ka da ita ba, ka jero sunayen iyayenka ɗaya bayan ɗaya har ka kai kan Goni. Ka ce masa ka zo a makare, ba ka da ido, amma ka zo. Hawaye yana bin gemunka. Ni ina tsaye da hannu a sama ina cewa amin.

A bakin ruwa, kana can gefe kana alwala, mai fito ya tambaye ni inda muka yini. Na nuna masa da haɓa. Ya ce, “Ai Malam, mashekarin danginku ne. Nan shanu suke damina.” Baƙar ƙasar nan tsohon kashin shanu ne da ya rududduge. Babarbare ya sauke Yasin a kan garken Fulani. Da a ce wani ne ya yi maka haka, da ni zan fi kowa yayata shi a majalisa.

Na yi niyyar gaya maka a cikin kwalekwale. Sai na ga fuskarka a sake kamar wanda ya sauke kaya, na ce bari mu isa gida. A gida Hajiya ta tarbe mu da kunu, ka ce mata, “Bafillacen nan yau ya fanshi kansa.” Na ce bari sai gobe.

Shekara biyu ka yi bayan nan. Duk baƙon da ya zauna a tabarmarka sai ya ji labarin ranar, kuma kullum a wuri ɗaya kake rufewa: “Ga Fillo nan, shi ya ƙirga min su.” In gyaɗa kai, in manta ba ka gani, sai in ce haka ne da baki. Sau ɗaya ka ce mu koma. Na ce ruwa bai janye ba. Da ya janye na ce babur yana gareji. Muka ci gaba da zuwa ko'ina ban da gabas.

Na yi ta gaya wa kaina cewa tausayi ne. Addu'a ai ba ta ɓata hanya, ko daga ina aka yi ta za ta iske Goni. Wannan gaskiya ne, malamai sun faɗa. Amma ba don shi na yi shiru ba. Tsoron bakinka nake, da na Hajiya, da dariyar majalisa.

Abin da ya tashe ni shi ne Falmata. Ashe ka ba 'yarka kwatance, ba na kakanka ba, na tudun da na kai ka. Bayan ƙaramar Sallar bana ta sa hoto a waya, ita da mijinta da yaransu a gindin kukar nan, hannuwa a sama, ta rubuta cewa sun ziyarci kakansu kamar kowace shekara. Kamar kowace shekara, Modu. Na ƙura wa hoton ido har ya dushe da kansa.

Asabar da ta wuce na koma ni kaɗai. Na bi dama. Na sauka a ƙofar mai gari, na gaishe shi, na ajiye goro, na faɗi abin da ya kawo ni ba tare da na rage komai ba. Bai yi dariya ba, wannan ma ya dame ni. Ya haɗa ni da wani tsohon masunci, muka kutsa cikin kacalla da ƙaramin kwalekwale. Tafiyar ba ta kai ta shan kofin shayi ba.

Ga abin da na gani, ba ƙari. Tudun ƙarami ne, ruwa ya kewaye shi. Kukoki biyu suna tsaye. Ta ukun ta faɗi ta kwanta, amma tana fitar da ganye a kwance. Ƙasar fara-fara ce, toka ce ta gaske, in ka tona da yatsa sai gawayi. Kabarin an kewaye shi da ƙaya don kada dabbobi su taka, mutanen ƙauyen ke sabunta ta duk rani. Sun san sunan Goni. Masuncin ya ce sun daɗe suna mamakin yadda malami irin wannan bai bar zuriya mai zuwa ba.

Jiya na je gidan Falmata kafin in rubuta wannan, don bai kamata ta tsince shi a waya ba. Ta shimfiɗa min tabarma, ta kawo ruwa, ta zauna a ƙasa kamar yadda ka tarbiyyantar da ita. Na gaya mata tun daga zaure har bakin ruwa. Na zaci za ta yi maganar shekarun da ta yi tana kwasar yara zuwa garken shanu. Ba ta yi ba. Ta ce, “Baba, da ka faɗa masa, dariya zai yi har ya shaƙe, sannan ya ce ka tayar da babur.” Ta ƙara da cewa, “Rani biyu kuna da babur, Baba.”

Ta ce in kai su bayan babbar Sallah, in ruwa ya bari. Na ce to. Ta rako ni har ƙofa, amma ba ta ce in gaida gida ba.

Allah ya jiƙanka, Modu, ya haskaka kabarinka. Wanda na hana ka isa wajensa a nan, Allah ya sada ku a can ba tare da ɗan jagora irina ba. Allah ya yafe min abin da ke tsakanina da shi. Wanda ke tsakanina da kai kuwa, yana hannunka sai mun haɗu.

Wassalam.

Naka,
Fillo
Haɗeja