Kalmar da Dada Ba Ta Faɗa

Kankiya,
19 ga Oktoba, 1975.

Zuwa ga yayana Malam Labaran, a Zangon Kumasi.

Assalamu alaikum wa rahmatullahi. Bayan gaisuwa mai yawa da girmamawa irin ta ƙane ga wansa, ina fatan wannan takarda ta same ka lafiya, kai da iyali baki ɗaya. Allah ya ƙara maka lafiya, ya raba ka da ciwon gwiwar da aka ce yana damunka, ya sa albarka a sana'arka ta goro. Mu nan sai godiya. Mun yi azumi mun yi Sallah lafiya, damina ta yi kyau bana, gero ya shigo gida, dawa ta sunkuya, har mun fara mantawa da farin bara waccan da ya cinye mana shanu. Matata Hawwa'u ta sauka lafiya, an samu namiji, na maida sunan marigayi mahaifinmu Baffa. Mahaifiyarmu Dada tana can Dudunni, ita ce dai jiki ya ƙi. Ƙafafu sun kumbura, ido ya yi rauni, rabonta da kasuwa tun kafin ruwan farko. Ba zan ɓoye maka ba, Yaya, saboda ita na zauna wannan rubutu, amma bari in fara da ɗiyarka, don ta wajenta maganar ta ɓullo.

Haulatu ta iso lafiya tare da maigidanta. Shi ya wuce Kano wajen harkarsa, ya bar mana ita kwana biyar. Kai, Yaya, ka haifi mutum! Ga hankali, ga kunya, ga ci da ƙoshi ba fulako. Sai dai Hausarta ta zango ta kusa kashe mu da dariya, don a bakinta mace da namiji duk ɗaya ne, sai ka ji ta ce Kaka ya tashi, Hawwa'u ya dafa tuwo. Da na kai ta Dudunni, Dada ta ce wannan kishiyar tata da aka aiko mata daga kurmi ko magana ba ta iya ba, ina za ta iya ƙwace miji. Suka wuni suna tsokanar juna irin ta kaka da jika, rabon da in ga haƙoran Dada a waje har na manta. Da muka dawo Kankiya sai Haulatu ta ce ita fa ta gaji da jin garin nan a bakinka, tana so ta taka shi da ƙafarta, in nuna mata duk wurin da kake ba su zancensa. Na ce gani ya kori ji. Ranar kasuwa na ajiye kekena, na sa takalmina fade, na shige gaba kamar wani jagoran fatake.

Mun fara ta ƙofar gidan hakimi, na nuna mata inda muke raɓewa mu leƙa masu algaita in Dada ta zo da mu tallar nono. Muka bi ta masallacin Juma'a, yanzu an yi mishi rufin kwano, an ɗaura lasifika, ladan ba ya hawa ko'ina. Na kai ta tudun nan na bayan gari da tsofaffi ke cewa nan ganuwa ta bi, na ba ta labarin zamanin hare-hare yadda Baffa yake ba mu, har na ƙara gishiri kaɗan, ka san halina. A marina ramuka uku kawai na tarar da baba a ciki, sauran duk shara ta cike su, don atamfar kanti ta kashe kasuwar. Na nuna mata ramin da ka tsoma hannu kana yaro, ka yi mako guda da shuɗin hannu kana ɓoye wa Baffa a aljihu. Ta yi dariya har da hawaye, ta ce wannan kam ba ka taɓa ba su shi ba. Maƙera suna nan, sai dai jikokin waɗanda ka sani ne, kuma rabinsu sun koma gyaran babur. Filin awon gyaɗa, inda buhuna ke tashi sama har su tsere wa bishiya, yanzu awaki ke kiwo a wurin. Kuɗin man fetur ya shigo, samari sun watse Kaduna da Ikko, kowa da rediyo a rataye da wando mai faɗin ƙafa. Ban ce ba a ci gaba ba, amma wallahi ina tafe ina nuna mata, zuciyata tana neman garin da muka sani, ni da kai.

Ci kuwa, ba a magana. Na ce mata ba a sanin gari da ido kaɗai, sai da baki. Ta ci ƙosai mai zafi a bakin kasuwa, ta ci ɗanwake da man gyaɗa da yaji, ta ɗanɗana dakuwa ta yi ta tari don barkonon ya shige mata. Na saya mata alkaki da nakiya a rumfar mata, na sa mahauci ya yanko mata kilishin da ya sha rana biyu. Ta ce ku can wake da shinkafa kuke karyawa da shi, da wani tuwo da kuke kira tuwon zafi, na ce ai mu ma ba mu taɓa cin na sanyi ba sai ɗumame. Da muka zo layin Fulani masu nono, ta tsuguna aka dama mata furar sabon gero da kindirmo, ta kafa kai ba ta ɗago ba sai da ta ga gindin ƙwarya. Sai ta ce kullum ka sha furar zango sai ka ture ƙwaryar ka ce ba ita ba ce.

Daga nan muka gangara tasha, bakin hanyar Kano zuwa Katsina, muka zauna gindin tsamiyar nan wajen Maimunatu mai waina. Ka tuna ta? Ita ce yarinyar da ke riƙe wa uwarta tanda lokacin da Kawu Gidaɗo ya tafi da kai, a shekarun yaƙin Bama. Yanzu ita ce da tandar, ta tsufa, bakin nan dai yana nan. Muna cin waina da miyar taushe na yi wa Haulatu tambayar da ta shekara goma sha biyar tana cina, wadda na kasa yi maka a takarda. Na ce shekara talatin da biyu, mutum yana son garinsu haka har yana ture ƙwarya, me ya hana shi zuwa? Ta sunkuyar da kai, ta ce ka yi shirin zuwa a shekarar samun mulkin kai, har ka ɗinka kaya. Ka fara aiko abokin fataucinka marigayi Ɗanmaliki da turmin zane da huhun goro ya kai wa Dada. Da ya komo ya ce maka ta karɓi kaya ta yi godiya, ta tambaye shi gajiya da hanya, amma har ya sha ruwa ya tashi ko labarinka ba ta tambaya ba. Ya ce da abin ya dame shi ya tambaye ta ko ba ta son jin labarin ɗanta Labaran, sai ta miƙe ta shige ɗaki ta bar shi zaune. Haulatu ta ce tun ranar ka kwance kayanka, ka ce uwar da ba ta neme ka ba, ba za ka je ka tsaya mata a gaba ba.

Yaya, wainar da ke hannuna faɗuwa ta yi. Inna lillahi! Ashe abin da ya raba mu ke nan? Na san ka san kunyar ɗan fari, ka san ba ta kiran sunanka, ba ta zama inda kake. Amma ka bar gida kana ɗan shekara goma sha huɗu, akwai abin da ba ka kai ga lura da shi ba. Ba sunanka kaɗai Dada ta bari ba. Tun ranar da aka raɗa maka Labaran, kalmar labari ma ta fita daga bakinta, saboda sunanka na ciki. Ni na girma a gabanta, ban taɓa jin ta gaida mutum da ina labari ba, sai ina gajiya, yaya hanya. In za ta ce a ba ta labari sai ta ce a ba ta zance. Labarun rediyo ma maganar akwati take ce musu. Kai kuwa in dole ta kama, mutumin Gwanja take cewa, don a wajenta duk ƙasar goro Gwanja ce, ta kau da kai. To ka duba, baƙo namiji ya zauna tsakar gida gaban surukai, ya haɗa mata kalmar da sunan a numfashi ɗaya. Ina za ta sa kanta in ba ɗaki ba? Allah ya ji ƙan Ɗanmaliki, bai yi ƙarya ba, abin da ya gani ya faɗa. Amma an ce labarin zuciya a tambayi fuska, shi kuwa ƙeyarta kawai ya gani.

Ina cikin wannan bayani sai Maimunatu ta ajiye cokalin juya waina, ta ce ashe wannan ɗiyar mutumin Gwanja ce, ta rungume ta tana kuka. Ta ce mu duka 'ya'yan banza ne da ba mu san uwarmu ba, ni da nake kusa na fi ka laifi. Ta tambaye ni ko na taɓa tunanin abin da ya sa Dada take wuce kasuwar Kusada da ke kusa da ita, ta ɗauko ƙwarya tun asuba har Kankiya. Na ce ai nono ya fi daraja a nan. Ta ce daraja ta ina, rabin nonon kyauta take dama wa direbobi. Duk motar da aka ce ta fito kudu, sai ta aika da fura, sannan ta matso ta tambaya ko an yi ruwa a Gwanja bana, ko hatsi na da sauƙi, ko akwai wata cuta da ke yawo a garin. In an ce lafiya lau, sai ta ɗauki ƙwaryarta ta kama hanya da sauri kamar an ba ta kujerar Makka. Shekara da shekaru haka, har direbobi suka sa mata suna Mai tambayar ruwa.

Wanda ya fi karya mini zuciya shi ne na shekarar da aka koro mutanenmu daga Gana. Ni lokacin ina Funtuwa wajen awon auduga, ban sani ba. Maimunatu ta ce kwana tara Dada ta yi a gidanta, ta ce wa mutanen Dudunni maganin ido ta zo nema. Kullum tana gindin tsamiyar nan, duk motar da ta tsaya da 'yan gudun hijira sai ta bi fuskoki ɗaya bayan ɗaya. Ba ta iya tambaya, sai Maimunatu ce ke ɗaga murya tana cewa ko akwai wanda ya san Labaran na Dudunni. Ta ce duk sanda ta kira sunan, Dada sai ta ja mayafi ta rufe fuska, amma hannunta yana riƙe da gefen zanen Maimunatu gam, ba ta saki sai motar ta tashi. A rana ta tara wani ɗan Daura ya ce ya bar ka lafiya, kana da takardun zama. Ta ce sai Dada ta zauna a ƙasa, ta roƙi a ba ta waina biyu, don rabonta da abin kirki tun zuwanta. Haulatu ta ji wannan duka da kunnenta, in ta iso ka tambaye ta.

To Yaya, rashin sani ya fi dare duhu, amma yanzu ka sani. Ni ƙanenka ne, ba ni da bakin yi maka faɗa, roƙonka nake don Allah don Annabi. Zumunci a ƙafa yake. Hanya ta yi kyau yanzu, kwalta ce har ƙofar gari, ba tafiyar wata uku ba ce irin ta zamanin Kawu. Malamin asibiti ya ce mini a ɓoye kumburin nan daga zuciya ne, kuma ba ya son yadda yake hawa. Ka zo kafin Babbar Sallah. Kada ka sa rai za ta tare ka da guɗa, na san ta, ɗaki za ta shige ta bar ka a tsakar gida, ta aiko maka da fura ta hannun wani. Ka karɓa ka sha, ka zauna inda za ta iya hango ka ta bakin asabari. Wannan kaɗai ya ishe ta.

Hawwa'u tana gaishe ka tana gaida uwargidanka Hajiya Kaka. Goggo Nana ta Mawashi tana gaisuwa, ta ce ko ka manta ita ta yi goyonka. Ɗahiru da Modibbo na gidan Kawu a ƙauyen Boko suna gaisuwa, haka ma Maimunatu, ta ce wainarka tana kan tanda. Ka gaida ɗanka Babba da ƙannensa, ka sa wa Haulatu albarka, don ta yi mana aikin da mu manya muka kasa.

Wannan na ƙarshe yau na ƙara shi. Jiya na hau keke na je Dudunni da takardar a aljihu, na riga na rubuta adireshi a bayan ambulan. Na ce wa Dada zan aika Gwanja, ko tana da saƙo. Tana zaune tana gyaran man shanu a ƙwarya, ta ce ita wa ta ajiye a can da za ta yi saƙo. Sai da na yi sallama na kai bakin zaure ta sa aka kira ni, ta ce in miƙo takardar ta ji nauyinta. Ta jujjuya ta, ta kawo ta dab da ido, sannan ta tambaye ni a hankali, a cikin wannan zane-zanen wanne ne shi. Na kama babban yatsanta na ɗora a kan sunanka. Ta daɗe ba ta ɗauke ba, ni kuma na juya baya don kada ta ji kunyata. Saboda haka tabon maiƙon da za ka gani a kan sunanka ba ƙazantar gidan waya ba ce. Kada ka goge shi, kada ka yar da ambulan ɗin.

Allah ya haɗa fuskokinmu da alheri, ya kawo ka tana da rai. Wassalam.

Ni ne ƙanenka mai jiran ganinka,
Sodangi.