Dabinon Malam Inuwa

Akwabiri, Gana
Watan Fabrairu

Zuwa ga ƙanena Issifu,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, ina fata kana lafiya, kai da Mansuratu da yara. Mu nan lafiya lau, sai gwiwar nan tawa. Na rubuta da hannuna kamar yadda na saba, 'yata Zalihatu za ta ɗauki hoton takardar ta tura maka. Maganar ba ta waya ba ce, domin a waya kai kaɗai kake magana.

Teku ya iso kabarin kakanmu. Bara waccan, tsakanin ruwa da dabinon da ke kansa akwai filin da ake shanya taru. Yanzu idan ruwa ya cika, kumfa tana taɓa gindin bishiyar. Idan damina ta same mu a haka, za mu wayi gari ƙasusuwan Malam Inuwa suna yawo tsakanin baƙin nan masu hawan igiyar ruwa a kan katako. Ba zan ga wannan da idona ba.

Liman ya ce ya halatta a ɗauke mamaci idan ruwa zai ci shi. Za a mai da shi sabuwar maƙabarta ta kan tudu. Amma masu haƙa sun duba, sun ce saiwar dabinon ta rufe kabarin, sai an sare shi. Liman kuwa ya ce ba za a sa gatari ba sai da yardar babban namiji cikin jikoki. Wai kai ke nan, ko da yake ni na goye ka.

Ka ba da amsa kafin hadari ya fara haɗuwa. A gaida kowa.

Yayarka,
Ajaratu

*

Al Mirqab, Doha
Watan Fabrairu

Yaya Ajaratu,

Wa alaikumus salam. Takardarki ta iso, na karanta ta a tsaye saboda girmamawa. Mansuratu tana gaishe ki, tana yi miki sannu da gwiwa.

Allah ya jiƙan Kaka. Mutumin da ya taso daga Katsina da jakunan fatauci, ya yi ta tafiya kudu har ƙasa ta ƙare masa, sannan ya zauna a bakin abin da ya fi tsoro a duniya. Kin tuna Baba yana cewa ko yatsan ƙafarsa bai taɓa sawa a ruwan gishiri ba? Allah ya taimake shi alƙibla ba ta kudu take ba, sai ya zama sau biyar a rana yana juya wa teku baya da cikakken izini. Yanzu tekun ya gaji da jira ya taso da kansa. A ɗauke shi, Yaya, na yarda.

Dabinon ma a sare. Ƙwallo ne Kaka ya tofar bayan buɗa-baki, ya tsiro cikin kwakwa kamar baƙon da ya ɓata hanya, kuma tun da muke bai taɓa ba mu ko ƙwaya ɗaya ba. A nan kuwa dabino ya fi mutane yawa. Daga tagar ɗakina ina ganin ana kawo su a manyan motoci, an ɗaure musu kai kamar amare. Ka fita aiki titi fayau, ka dawo ka tarar da itatuwan da suka girme ka.

Abin da ya dame ni shi ne littafina. Kin san na daɗe ina rubuta tarihin Akwabiri da manyan mutanenta, bayan na tashi daga aikin fassara a ɗakin karatu. Sarkin Fanti da ya hana a gina ganuwa a bakin ruwa ya samu babi guda. Matar da ta kawo sabuwar hanyar banda kifi ta samu nata. Har Baturen nan mai dogon gashi da ya fara kawo katakon hawan ruwa, ya zauna wata uku ya tafi da bashin kuɗin masauki, ya samu shafi bakwai. Kakanmu kuwa, wanda ya kafa zango, shafi biyu na iya tatsa, rabinsu kuma addu'a ce. Na so in ce babban malami ne, amma littattafan da ya bari ba su cika ƙaramar jaka ba. Idan kin tuna wani abin kirki da ya yi, ban da sayar da goro da tsoron ruwa, ki taimake ni.

Ƙaninki mai biyayya daga nesa,
Issifu

*

Al Mirqab, Doha
Watan Maris

Yaya Ajaratu,

Gaisuwa da fatan alheri. Idan gatari bai hau ba tukuna, a dakata. Ki karanta har ƙarshe kafin ki yi tsaki.

Ina da maƙwabci, Reuben, mutumin Jos, injiniyan ban-ruwa ne a kamfanin da ke dasa itatuwan bakin titi. Mutum ne mai hankali har zuwa bara, da ya fara zuwa Fuwairit, can arewacin ƙasar, inda ake ɗaura wa mutum wata ƙatuwar laima iska ta riƙa jansa a kan ruwa. Tekun nan ba irin namu ba ne, kwance yake kamar ruwa a faranti, don haka sai an roƙi iska. Ranar Juma'a bayan masallaci ya ja ni. Na zauna a kan kujera nesa da ruwa, da littafina, kamar jikan Malam Inuwa na gaske.

Sai ya zo da mai koya masa, wani ɗan Maroko da rana ta ƙone. Reuben ya ce masa, “Wannan ɗan bakin teku ne, amma ko a baho sai an riƙe shi.”

Mutumin ya tambaye ni garinmu. Na ce wani ƙauye ne bayan Takoradi, ba zai sani ba. Ya ce in faɗa dai. Da na ce Akwabiri, sai ya dafa kai ya ce, “Wajen Malam?”

Na ce, “Wane Malam?”

Ya ciro waya ya nuna min hoton da ya ɗauka daga cikin ruwa. Yaya, garinmu ne ta fuskar da ban taɓa ganinsa ba: kwakwa jere duk sun karkace, sai dogo guda ɗaya a miƙe, hasumiyar masallacin zango a bayansa. Ya ce akwai duwatsu ƙarƙashin ruwa hagu da dama, hanya ɗaya ce siririya a tsakaninsu. Idan kan dabinon ya rufe hasumiya, kana kan hanya. Idan hasumiya ta leƙo ta gefe, to ka shirya barin fatarka a kan dutse. Ya ce duk mai hawan ruwa da ya taɓa zuwa yankin ya san wurin da sunan Malam, har daga Brazil.

Na ce masa kakana ne. Ya rungume ni da jiƙaƙƙiyar riga. Reuben ya ce, “Khalas, shi ke nan, yau sai ka shiga ruwa, kai jinin sarauta ne.” Ban shiga ba.

Kin gani? Na yi shekaru ina tonon takardun Turawa ina neman sunansa, ashe yana bakin mutanen da ba sa sa riga. Na janye yardata a kan dabinon. Babinsa zai kai shafi ashirin.

Naki,
Issifu

*

Akwabiri
Watan Maris

Issifu,

Na amsa gaisuwarka. Na yi tsakin, sau biyu.

Ba a sare ba, domin mai gatarin ya tafi biki. Labarin da ka je har ƙasar Larabawa ka ji, masunta sun san shi tun muna yara, da dabinon suke shigo da jiragensu. Ba ka sani ba ne don duk lokacin da aka aike ka bakin ruwa sai ka bi ta bayan kasuwa.

Ni ba shafi ashirin ne a gabana ba. Ni na riƙa kai masa kunu yana kwance. Idan ruwa ya yi ƙara sai ya kama hannuna ya ce, “Ajara, ya matso ne?” In ce bai matso ba, Kaka. Yanzu ya matso. Ba zan bar shi a nan don baƙi su ji daɗin wasa ba. Masunta a kafa musu ƙarfe a shafa fenti.

Liman ya ce maganarka ta ƙarshe ita ce magana. Ka sake tunani, kuma ka yi shi da zuciya, ba da alƙalami ba.

Yayarka,
Ajaratu

Kawu, ina wuni. Ni ce Zalihatu, wannan a wata takarda daban na rubuta, Mma ba ta gani ba. Don Allah ya tsaya tsakaninmu. Ina hawan ruwa. Na fi shekara ina yi, da sassafe, ranakun da ba ni da aiki a asibiti, da doguwar rigata da hijabi. Ba baƙi kaɗai ba ne yanzu, mu 'yan gari mun fi su yawa. An taɓa kafa ƙarfen da Mma take faɗa, bai kai wata biyu ba ruwa ya kwashe shi, kuma idan igiya ta tashi ba a hango abu gajere. Idan na ɗago kai a cikin ruwa, dabinon kawai nake nema. Amma ni ma ba na so ruwa ya ci Kaka. Kai ne mai karatu, Kawu, ka nemo mana hanya.

*

Al Mirqab, Doha
Watan Afrilu

Yaya Ajaratu,

Bayan gaisuwa da neman afuwa. Maganar kunun nan ta hana ni sakat. Na ajiye alƙalami kamar yadda kika ce, kuma duniyar ilimi ba ta girgiza ba.

Na gayyaci Reuben shan shayin karak a kasuwar Souq Waqif, na zayyana masa komai. Ya saurara yana kallon masu dako suna tura kaya a baro, sannan ya ce, “Malam Issifu, kullum kana leƙen motocinmu ta taga. Saiwar da ke gindin dabinon da muke kawowa, nawa ce?”

Na ce, “Ba ta fi tukunyar biki ba.”

Ya ce, “To. Sauran duk yankewa muke yi, kuma su rayu. Dabino ba shi da uwar saiwa kamar mangwaro, gashi ne kawai, ka aske gefe ɗaya ya sake fitowa. Mutanenku sun saba da itacen daji ne shi ya sa suka ce sai an sare.”

Na ce, “Idan ya faɗi a kan masu haƙa fa? Tsoho ne.”

Ya ce, “Ku ɗaure shi da igiya ta ɓangaren tudu kafin a fara, ku rage masa ganye, ku shiga ta gefe. Masunta ba su da igiya ne a garinku?” Ya zana min yadda ake yi a bayan takardar shayi, na haɗo miki hotonta. Ya ce in gaya miki bai yi alkawari ba, tsohon itace yana da ra'ayinsa.

Ga maganata ta ƙarshe, a gaya wa Liman. A ɗauke Kaka a kai shi tudu kafin ruwan sama, wannan ba ja da baya. A haƙa ta gefe. Idan aka ga ba zai fitu ba sai an sare, a sare, na yarda, mutum ya fi itace. Amma a gwada tukuna. Ba don littafi ba wannan karon. Akwai masu shiga ruwan nan da nake so su riƙa fitowa da fatarsu cikakkiya, kuma ba duka ne 'yan Brazil ba.

A gaida mai ɗaukar hoto, a ce mata Kawu ya ce ta riƙa kula da kanta a wurin aiki.

Ƙaninki,
Issifu

*

Akwabiri
Watan Afrilu

Issifu,

Salamu alaikum. An haƙa ranar Asabar. Masunta suka kawo igiya, 'yan katako suka riƙe, Liman yana tsaye.

An shiga ta gefe har ƙasa. Ba a samu komai ba sai saiwa, fara, a dunƙule, tsawon mutum a kwance, kai kudu, fuska gabas. Liman ya daɗe yana kallo, sannan ya ce a mayar da ƙasa, babu abin da ruwa zai ɗauka a nan. Na ɗebi yashin wurin a gefen zanena na kai tudu na zuba, aka yi addu'a. Na samu barci.

Dabinon yana tsaye. Ka rubuta a littafinka cewa Kaka bai jira mu ba, tun tuni ya hau itacen, inda ya fi ko'ina nisa da ruwa a garin nan.

Kuma ka daina yi min magana a dunƙule. Wadda ta tafi asibiti ba ta dawowa da yashi a kunne. Yau da safe na je na zauna a gindin itacen. Ban iya kallo ba, na juya wa tekun baya, wata mai kifi tana gaya min abin da ake ciki. Ta ce Zalihatu ta miƙe tsaye a kan katako har bakin gaɓa.

A gode wa Reuben. A gaida Mansuratu.

Yayarka,
Ajaratu