Ƙullin Masu Haɗa Gada

12 ga Oktoba, 2003

Zuwa ga ƙanwata Leokadia,

Gaisuwa mai tarin yawa daga yayanki. Yaya ƙafar taki, tana barin ki ki sauka kasuwa kuwa? Yaya iskar tekun nan ta Gdansk? A gaida 'ya'ya da jikoki. Ni dai ina nan, daga ni sai murhu sai tari.

Ki yi haƙuri da rubutun.

Kin tuna fim ɗin nan baƙi da fari da aka zo daga Lodz aka ɗauka a garinmu a 1958? Na sojan da ya dawo daga yaƙi ya kashe mutum, ya sa gawar a buhu ya jefa a rafi. Kika riƙa cika baki a maƙwabta wai yayanki ya zama ɗan fim, alhali hannuwana kawai aka nuna. Ɗan wasan ɗan birni ne, ko igiyar takalminsa da ƙyar yake ɗaurewa. Sai mai shirya fim ɗin ya hango ni cikin 'yan kallo ya ce, "Kai, tsohon soja, zo ka nuna wa wannan shafaffe da mai yadda ake ɗaure buhu!" Aka kwashe da dariya. Na durƙusa na ɗaure, na'ura tana ɗauka. Ban yi tunani ba, Leokadia. Ƙullin masu haɗa gada na yi, wanda aka koya mana a soja, kuma a juye, da hagu, saboda yatsu biyun da na baro a kogin Oder.

To, an gyara fim ɗin, za a nuna shi a ɗakin taro ranar Lahadi ta ƙarshen wata. Malama Genowefa ce ta shirya, 'yar marigayi Walenty mai injin niƙan da ruwa ke juyawa. Da kanta ta zo, da kwanon miyar kabeji. Ta ce, "Baba Ignacy, kujerar gaba taka ce, kusa da tawa. Kada ka kawo mini zancen gwiwa, ko a amalanke ne sai an kai ka."

Na ce to. Tun ranar nake tsoron fim ɗin nan. Ki sa ni a addu'a.

Yayanki,
Ignacy

27 ga Oktoba

Leokadia tawa,

Ina fata kin tashi lafiya. Wasiƙarki ta iso. Kin ce tsoron me zan ji a fim? Ki zauna kafin ki ci gaba da karantawa.

Jiya aka nuna. Da aka zo wurin, hannuwana suka cika allon, kowanne kamar ƙofa. Wani daga baya ya yi ihu, "Ga ɗan fim ɗinmu!" Ɗaki ya ɗauki tafi. Genowefa ba ta tafa ba, ba ta ma kalli allon ba. Hannuwana take kallo a kan cinyata. Na rasa inda zan ɓoye su.

Kin san abin da aka faɗa bayan yaƙi, cewa Walenty ne ya kai sunan ɗan'uwanmu Florian wurin Jamusawa. Kin san kuma an tsamo Walenty a tafkin injinsa cikin buhu lokacin da ƙanƙara ta narke a 1946, aka ce aikin 'yan tawayen da ke ɓoye a daji ne. Ba su ba ne, ni ne. Ranar Lahadi ce da hantsi, kowa yana coci. Na je in tambaye shi kawai. Ya dube ni ya ce yana da aiki. Akwai ƙarfe jingine da bango.

Shekara hamsin da bakwai ban gaya wa kowa ba, ko limamin coci a wurin ikirarin zunubi. Ban yi aure ba don kada in yi magana cikin barci. Yanzu duk takun da na ji a matakala sai in miƙe in ɗauki hulata. Ɗazu mai kawo wasiƙu ne, ya same ni tsaye da kwat, ya ce, "Baba, ina zuwa haka, ko biki?"

Idan kin daina rubuto mini, ba zan ga laifinki ba.

Ignacy

2 ga Nuwamba

Ƙanwata,

Ina gaishe ki, ko da ba ki son gaisuwar. Allah ya ƙara miki lafiya.

Jiya Ranar Dukan Tsarkaka, ranar ziyarar kaburbura. Akwai abin da ban gaya miki ba. Kowace shekara, bayan na kunna kyandir a kabarin iyayenmu, nakan ajiye zoben ganye a kan na Walenty, ba tare da sunana ba. Da kaina nake saƙa shi da reshen itace. Da sassafe nake zuwa, kafin maƙabarta ta cika.

Na sami Genowefa zaune a kan benci gefen kabarin. Ta ce, "Ajiye mana, Baba Ignacy. Ka sha ɗauko shi."

Na ajiye. Ta juya zoben, ta nuna igiyar da na ɗaure shi da ita. Sannan ta buɗe jakarta ta fito da wani guntun igiya baƙi ƙirin, da ƙulli a tsakiya. 'Yan sanda ne suka yanko shi daga bakin buhun, suka haɗa wa mahaifiyarta da takalman mijinta. Ta ajiye su gefe da gefe. Ko makaho ya shafa ya san hannu ɗaya ne.

Ta ce, "Kana zaton fim ne ya tona ka? Mama ta gane tun zobe na uku. Ta ce a ƙyale ka, wanda yake zuwa kowace shekara ya riga ya shiga nasa kurkukun. Ni ma ba ɗan sanda zan kira wa tsoho ba. Fim ɗin na kawo ne don in ga ko za ka yi magana da kanka."

Na ce, "Malama, Florian..."

Ta ce, "Na san zancen Florian. Ba shi na zo ji ba. Shekarata bakwai lokacin, kuma abu ɗaya ne ya hana ni sukuni har na yi furfura. Da ka ɗaure bakin buhun, ya riga ya mutu?"

Mutane sun fara shigowa da furanni. Ta mayar da igiyar jaka, ta kama hannuna ta raka ni har bakin ƙofa saboda santsi. Ta ce za ta zo yau da ƙarfe huɗu.

Leokadia, kalma ɗaya ce za ta sa matar nan ta samu barci, kuma ba mai ƙaryata ni a duniya. Tun jiya nake gwada ta a bakina. Amma da miyarta na yi shekara goma ina rayuwa, ba zan ƙara mata da ƙarya ba. Na share ɗaki, na fito da kofuna biyu. Ina rubuta miki ne don in ga ko hannuna zai iya, kafin bakina ya gwada.

Buhun ya motsa.

Yayanki, idan har yanzu kin yarda,
Ignacy