Haruffa Bakwai na Tutocin Baba

Laraba da dare, a garin Balan. Tari ya lafa, kafaɗa ce ta ƙi.

Na tuno majigi marar magana da muka kalla muna yara, soja yana aika saƙo da tutoci biyu. Baba, da ya yi aikin a yaƙi, ya ce, "Wannan ai kaji yake kora!" Washegari ya koya mana na gaskiya, ni da ƙanena Bukar.

Yau na ɗaura tsumma a kara na gwada. Harafi goma sha tara na tuna, na zana su. Sauran bakwai sai Bukar. Ba zan bari su bi mu kabari ba, ko a amalanke sai na je Gafasa wurinsa.

Bukar ya ce yau zai zo. Bai zo ba, na naɗe tabarmarsa.