Rakiyar da ban yi wa Azad ba

Alhamis, bayan isha'i, Zango

Sau uku ina bin abin daki-daki, kuma duk ta inda na ɓullo laifin nawa ne.

Ni na gayyaci Azad da ƙanensa Dilshad sinima. Kurdawa ne masu gyaran injin ban-ruwa a unguwar Tanghin, mun daɗe muna shan shayi tare. Na ji an kawo fim da harshensu, labarin wata yarinya da ta taso a ƙauye ta bijire wa mahaifinta. Na ce bari in faranta musu, ban ko bincika abin da ke ciki ba.

Da yarinyar ta cire ɗankwali gaban dattawa ta ɗaga wa uban murya, sai Azad ya miƙe. Ya ce min a hankali, "Malam Idi, ko a gida fim ɗin nan ya raba kan mutane. Tallan asirinmu ake yi wa baƙi."

Na yunƙura zan tashi, sai Dilshad ya riƙe min hannu. "Zauna, ɗan'uwa. Yarinyar nan kamar ƙanwarmu take sak. Shi ya sa ba ya son a gani."

Na zauna. Baƙona ya fita shi kaɗai, ban taka masa ko zuwa bakin ƙofa ba, ni da nake raka ɗan aike har titi. Gaskiyar ita ce ƙarshen labarin nake son gani.

Da na ba matata Hajara labari, ba ta tambayi fim ɗin ba. Cewa ta yi, "To wa ya raka shi?"

Gobe da sassafe zan je Tanghin. Ban sani ba ko zai zuba min shayi.